Goggo Sabuwa da falon da ba bango

Goggo Sabuwa mai jere ce, a Ɗanzomo aka haife ta amma Gumel ta yi aure, kuma tun tana goyon fari take yi wa amare jeren ɗaki, wallahi har daga Gagarawa da Maigatari zuwa ake a ɗauke ta a mashin. Ita ba ruwanta da awo. In ta shiga ɗaki sai ta tuɓe takalmi ta zauna dirshan a ƙasa ta lumshe ido kamar mai gyangyaɗi, wai amaryar take hangowa tana kai da kawowa a ciki, inda za ta ajiye buta, inda za ta yi sallah, inda za ta raɓe in ranta ya ɓaci. Sai ta gama gani tukuna ta ce a shigo da gado.

To yanzu an rage kiranta, 'yan mata hoto suke dubawa a waya. Ko bikin jikarta Khairiyya ma ƙawaye ne suka yi jeren, ita aka ce ta huta.

Mijin Khairiyya, Manu, dillalin shanu ne a kasuwar Maigatari, ya gina gida a Gumel irin na yayi, falo da wajen cin abinci a haɗe ba bango ba labule, fili fetal, tayil fari tas kamar an zubar da nono. Kujeru ta nan, tebur ta can, daga bakin ƙofa kana hango har cikin kicin.

Kwana goma da tarewa Goggo ta je ganin ɗaki, tana ɗora ido a kan yarinyar ta ga ta rame, wuya ya fito ido ya zurma. Ta ja ta gefe.

"Ke ja'ira, angon naki ba ya cefane ne?"

"Akwai komai fa Goggo." Khairiyya ta yi ƙasa da murya. "Baffa ne, baban shi. Ya zo daga ruga ana duba masa ƙafa a asibiti, a falon nan yake wuni saboda fanka. Ta ina zan kai loma baki suruki yana kallona?"

"Ki ci a ɗaki mana."

"Da kwano a hannu zan ratsa ta gabansa? Gara na mutu."

Goggo ta koma falo ta gaida Baffa, ta tuɓe takalmi ta zauna a tsakiyar tayil ɗin nan ta lumshe ido. Fanka na juyawa a hankali. Can sai ga ɗakin innarta na Ɗanzomo ya taso mata, hantsi yana ratsowa ta asabarin bakin ƙofa layi-layi a kan daɓe, ƙamshin ciyawa, inna a bayansa tana shan fura ba mai ganinta alhali ita tana ganin kowa, kaji na wucewa kamar inuwa, kai har sanyin daɓen sai da ta ji a tafin ƙafarta. Ta daɗe a haka har Manu ya fara leƙa fuskarta.

Ta buɗe ido. "Ango, ja min kabet ɗin can, gicciye shi nan, bayansa ya kalli falo. Sannan ka hau mashin ka samo min asabari biyu manya."

"Haba Goggo, ai filin ake so, haka ake yayi."

"Fili na shanunka ne. Ja nan na ce, ko ƙarfin duk na cin tuwo ne?"

Kafin la'asar an ɗaure igiya daga kan kabet zuwa taga, asabari biyu sun sauko har ƙasa, Goggo ta ɗinka musu bakin atamfa shuɗiya kalar kujerun, ta tura tebur jikin bango ta jera samiru a kai, ta shimfiɗa tabarma a bayan. Rana ta faɗo ta taga ta tsaga wajen layi-layi, falon ya yi wani irin lumshi kamar ba shi ba.

Khairiyya ta zauna a tabarmar da kwanon tuwo miyar kuka, tana ci tana share ido, loma kan loma ko numfashi ba ta yi.

Sai suka ji gyaran murya daga ɗaya ɓangaren. Baffa ne, a hankali, wai don kada a ji.

"Manu. Tuwon nan da saura kuwa? Kwana goma rabona da na ƙoshi, ina jin nauyin yarinyar nan."