Injin Tafiya na Tsohon Ma'aikacin Duwan

A shekarun da suka biyo bayan babban fari ina gyaran keke a bakin kasuwar Magarya. Wata safiya wani Alhaji, tsohon ma'aikacin duwan, wato kwastan, ya aiko a kira ni gidansa. Wani lokotoron asibiti a Damagaram ya ce masa ƙiba za ta kashe shi in bai riƙa tafiya a ƙasa ba. Shi kuwa gani yake in aka hango shi yana taka ƙasa cikin gari, za a ce ya talauce. Sai ya sayi wani tsohon inji wurin wani nasara da zai koma gida.

Abin ba ya amfani da wuta. Shimfiɗar roba ce a kan jerin sandunan katako masu juyawa, da ƙarafa biyu na riƙewa. Kana tafiya, robar na zamewa baya, kai kuma kana nan inda kake.

"Alhaji, ina yake kai mutum?" na tambaye shi.

"Kai dai kafa shi," in ji shi.

Na kafa shi a zaure, na tokare ƙafarsa ɗaya da bulo don daɓen ya karkace. Kwana uku robar ta fara gocewa hagu, na ɗaure kusoshin baya ta daidaita. Sai rairayi ya shiga sandunan suna kuka. Alhaji da basirarsa ya tuttula musu man gyaɗa, kiyashi suka yi musu baƙi ƙirin. Na kwance su ɗaya bayan ɗaya na wanke da kananzir.

Duk gyaran da na yi sai ya ce in hau in gwada. Ina ta tafiya ina zufa, shi yana kishingiɗe yana cin soyayyen nama yana cewa, "Ƙara sauri mu gani." Ta ƙofar zauren ina hango matan ƙauyen Yekuwa da suka tako tun asuba da kaya a ka.

Kiran ƙarshe ya ce injin ya yi nauyi. Na duba ko'ina, na hau, yana juyawa sumul.

"Alhaji, lafiyarsa lau. Nauyin daga sama yake."

Bai sake nemana ba. Daga baya na ji matan gidan sun ja injin tsakar gida suna shanya kuɓewa a kai.