Basillar Goni Muktar na Balan

Dukkanmu na Allah ne, kuma ranar da Ya kira mutum babu jinkiri. A ranar Talata, 11 ga watan Nuwamban 2025, ana tsakiyar roron wake, Allah Ya karɓi ran Goni Muktar a gidansa da ke Balan, cikin ƙaramar hukumar Gaya, bayan gajeruwar jinya. Babban ɗansa Babagana ne ya kira ni da hantsi ya sanar da ni. Na hau babur daga Gafasa, na tarar an gama yi masa wanka ana jiran liman.

Goni, yau ni ke magana kai kana shiru. Tun muna samari muke ja-in-ja, ni Bafillace kai Babarbare, kowa yana cewa shi ne ubangidan ɗan'uwansa, kuma ba ka taɓa bari maganar ƙarshe ta zama tawa ba. Ga shi ka bar mini ita, ba ta kuma yi mini daɗi ba. Ina kewarka ƙwarai.

Wasu za su yi maganar haddarka, da ɗaliban da suka sauke a gabanka, da sulhun da ka sha yi tsakanin manoma da makiyaya. Sun fi ni sanin wannan. Ni maganar basillarka zan yi, wadda kake ɗinka gafaka da ita, domin ina wurin ranar da ta sami wani aikin daban.

Duk wanda ya yi noma a ƙasar nan ya san jarkar nan mai jan murfi da ake zubo maganin feshi a ciki. Wani babban kamfani na ƙasashen Turawa ne ke yin sa, ya ratso teku ya iso har rumfunan kasuwar Gaya. Maganin yana aiki, ba na musu, kai ma ka yi feshi da shi a gonarka lokacin da 'yan ƙwadago suka yi tsada. Ita kuwa jarkar kyakkyawa ce: roba mai kauri, murfi mai zare, ko ka kife ta ɗigo ɗaya ba ya fita. Talaka ba ya yar da irin wannan. Da magani ya ƙare sai a wanke ta da toka, ta koma ta ruwan gona, ta kunu, ta nono. Har a bakin masallaci za ka gan ta an tara ruwan alwala.

Wata damina, shekarun baya, jikarka Rauda 'yar wajen Babagana ta bi ku gona, ta sha kunu daga irin wannan jarka. Kafin a dawo gida tana amai, kumfa na fita ta bakinta. Allah Ya yi da sauran kwananta, yanzu haka tana makarantar sakandare. Da aka sallamo ta daga asibiti sai ga ka a ƙofar gidana, jarkar na rataye a kekenka. A lokacin ina shugaban makarantar firamare. Ka ce, "Bafillace, yau dai bokon nan naka zai yi rana. Karanta mini abin da ke jikinta."

Sai da na sa tabarau na fita cikin haske, don rubutun ƙanana ne kamar ƙwayar riɗi. Turanci ne da Faransanci, babu Hausa, babu ajami. Na fassara maka: kada a sake zuba komai a cikinta, ko an wanke dafin ba ya fita daga jikin robar, a huda ta a binne nesa da rijiya. Ka ce, "Wato sun sani." Na ce sun sani. Ka ce, "To wa suka faɗa wa?"

Daga baya wani tsohon ɗalibina, Mudassir, wanda ya yi karatun aikin gona a ƙetare, ya zo gaishe ni muna tare da kai. Shi ya ba mu labarin cewa a ƙasar da kamfanin yake an hana fesa wannan magani a gonakinsu, amma ba a hana haɗa shi a sayar wa wasu ba. Ya ce magungunan da suka yarda da su ma, dokarsu ta tilasta wa kamfani ya bi gona-gona ya kwashe jarkokinsa. Na tuna yadda ka dafe haɓa. Ba ka zagi kowa ba. Cewa kawai ka yi ashe hanjin yaro ma yana da ƙasa.

Mun je Kano tare, wani ofishi da aka ce shi ke kula da irin waɗannan kaya. Jami'in ya karɓe mu da mutunci, har ruwa ya ba mu. Ya ce doka akwai ta, amma ma'aikata kaɗan ne, mota ɗaya ce, ita ma ba kullum take da mai ba, kamfanin kuma lauyoyinsa kaɗai sun fi ma'aikatan ofishin yawa. Ya rubuta sunayenmu, ya raka mu har bakin ƙofa. Ban ga mugunta a fuskarsa ba, gajiya na gani.

Bayan nan wakilin kamfanin ya zo kasuwar Gaya da lasifika da huluna hana-salla yana rabawa. Saurayi ne Bahaushe mai ladabi, abincinsa yake nema. Ka matsa ka nuna masa jarkar, ya ce, "Baba, ai mun rubuta gargaɗi a jiki." Ka ce, "Ɗana, tallanku da nake ji a rediyo da Hausa kuke yin sa, har da kalangu. Gargaɗin ne kawai bai iya Hausa ba?" Ya sunkuyar da kai ya ce zai kai maganar gaba. Wataƙila ya kai. Mu dai ba mu ga abin da ya dawo ba.

Sai ka koma kan mutanenka, nan ma ba ka same ta da sauƙi ba. In ka yi maganar cuta a ce maka an wanke, ko a ce in kwana bai ƙare ba guba ma ruwa ce. Ni da na gaji na ce maka mu bar su. Kai kuwa ka san mutanenka fiye da yadda na san su. Wata Jumu'a ka ɗauki jarkar da ke bakin masallacin Balan, wadda aka daɗe ana wankewa, ka cika ta da ruwan rijiya, ka rufe ka ajiye a rana tun hantsi. Da aka taru ka buɗe ka ce kowa ya shinshina. Warin magani ya tashi. Ka tuna musu abin da kowa ya karanta tun yana yaro, cewa ruwan da launinsa ko ɗanɗanonsa ko warinsa ya sauya ba a alwala da shi. Mutumin da bai ji tsoron gadon asibiti ba sai ga shi yana tambayar makomar sallolinsa na baya. Wasu malamai sun ja da kai a kan mas'alar, ka ce su yi ta ja, muddin dai jarkar ta bar masallaci.

Ranar ce ka zaro basilla daga aljihu, ka ɗora ta a garwashin mai shayi har ta yi ja, ka huda jarkar a gindi. Daga nan ba ka sake fita babu ita ba. Amma ka ce ba daidai ba ne a raba talaka da abin ruwansa a bar shi hannu wofi, don haka ka shuka duma a iyakar gonarka kaf. Da kaka ka fafe goruna, ka rataya su a keke, ka bi Balan da Gafasa da Toranke: a ba ka jarka, ka ba da gora. Waɗanda ka huda kuma ka kai su wani rami da ka haƙa a bayan gona ka binne. Yara suka laƙaba maka Goni Mai Huji, kana ji kana dariya.

Ba zan ce ba ka taɓa kuskure ba, don na san in na yi maka ƙarya ba za ka yafe mini ba. Ka taɓa huda galan ɗin man gyaɗar Dada mai ƙosai saboda kawai murfinsa ja ne, alhali bai taɓa ganin magani ba. Ta wanke ka tas a gaban jama'a, kana tsaye da rawaninka kana ba ta haƙuri. Tun daga ranar ba ka sake cin ƙosan kowa ba sai nata, ni kuma ban daina yi maka tsiya a kai ba.

Mutum ɗaya ce ta gagare ka, ƙanwata Hajo da ta yi aure a Toranke. Mijinta ya rasu ya bar mata yara, nonon da take kaiwa kasuwar Gaya shi ne abincinsu. A jarka mai jan murfi take zuba shi, ta ɗaure a bayan babur. Ka kai mata gora, ta ce gora ba ta jure ramukan hanya. Ka sayo mata sabuwar jarka fara daga Kano, murfin ya riƙa yoyo, kafin ta isa kasuwa nonon ya jiƙe mata zane. Ta mayar maka da abarka ta ce, "Goni, ka kawo mini abin da ba ya zuba, in ba ka wannan." Na so in ƙwace da ƙarfi a matsayina na yayanta, ka hana ni. Ka ce ba taurin kai ke damun Hajo ba, talauci ne, domin abu mafi kyau da hannunta ya taɓa kaiwa gare shi da guba ya zo mata.

Abin da ka yi shi ne ka daina shan nononta, kai da kowa ya san ba ka iya wuni babu fura. Kowace ranar kasuwa sai ka tsaya a gabanta ku gaisa, ka tambayi yara ɗaya bayan ɗaya, sannan ka ce, "Hajo, yau?" Ita kuma ta ce, "Ba yau ba, Babarbare." Ka yi murmushi ka wuce. Shekaru kuna haka. Na san abin yana cin ta, na san kai ma yana cin ka, don a jinyarka ta ƙarshe da na zo duba ka, bayan gaisuwa ita ka fara tambaya. Ka ce 'ya'yan mutane ne ke shan nonon nan, nata ma suna ciki.

Ranar jana'izarka wani abu ya faru da na so a ce ka gani. Da aka sa ka a makwanci aka jera itace, sai aka nemi ruwan kwaɓa ƙasa. Samari suka ruga gidajen da ke kusa da maƙabarta. Duk jarka mai jan murfi da suka tarar an huda ta, wasu an mayar da su mazubin tsakuwa, wasu suna jiran a kai su rami. Da tulu da bokiti aka kawo ruwan. Wani dattijo a gefena ya ce, "Aikin Goni ne." Mutane suka yi dariya hawaye na zuba.

Ba zan ce an gama ba. Damina mai zuwa sabbin jarkoki za su sake cika rumfuna, kamfanin yana nan yana ciniki, ofishin Kano yana nan da motarsa ɗaya. Abin da ka roƙa ba mai yawa ba ne: a rubuta gargaɗi da harshen wanda zai saya, wanda ya kawo jarka ya dawo ya kwashi abarsa, abin da ya haramta ga ɗan wata ƙasa kada a halatta shi ga ɗan Balan. Ina maimaita roƙon a nan ga duk mai iko da wannan rubutu zai kai gare shi.

Ranar sadakar uku muna zaune a zaure sai ga Hajo ta sauko daga babur. Ƙwarya ce a kanta an rufe da faifai, nonon ya zuba ya bi mata wuya har ƙirji, bai fi rabi ya rage ba. A hannunta kuma jarkar nan ce, babu komai a ciki. Ta wuce cikin gida wurin matarka Sa'adatu. Ita Sa'adatu ce ta ba ni labarin sauran. Ta ce Hajo ta ajiye ƙwaryar ta ce sadaka ce, ta yi gaisuwa, sannan ta ce, "Yaya, ina basillar nan tasa?" Aka ciro ta daga aljihun rigarka da ke rataye. Da kanta ta sa ta a murhu, da kanta ta huda. Sa'adatu ta ce ta ji tana faɗa a hankali, "Yau, Goni." Daga nan kuka ya ƙwace mata.

Na sha nonon nan a madadinka. Ban san yadda Hajo za ta riƙa kai nono kasuwa daga yanzu ba, amma ni da Babagana mun ɗauki nauyin nemo mata abin da ba ya zuba, ko a ina yake.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Sa'adatu, da Babagana da ƙannensa, da Rauda da sauran jikoki, da ɗalibansa, da jama'ar Balan da Gafasa da Toranke baki ɗaya. Allah Ya ba ku haƙurin wannan rashi, Ya albarkaci abin da ya bari. Ya Allah, Ka ji ƙan bawanKa Muktar, Ka yafe masa kurakuransa, Ka yalwata masa kabarinsa, Ka sa karatunsa ya cece shi. Ya ƙare rayuwarsa yana neman yaran mutane su sha ruwa mai tsabta. Ka shayar da shi daga tafkin ManzonKa, tsira da amincinKa su tabbata a gare shi. In tamu ta zo, Ka sa mu cika da imani.

Bappa Inuwa, Gafasa.