Gonar da Na Goge

Ban taɓa kiran sunan 'yata ta fari da bakina ba, tun ranar da aka raɗa mata shi har ranar da muka rufe ta da ƙasa. A wajenmu wannan ba abin mamaki ba ne. Uba ba ya kiran sunan ɗan fari, ba ya ɗaukarsa a gaban jama'a, ba ya tsayawa yi masa wasa. In ta kama dole sai ka ce "waccan" ko "yarinyar nan". Haka na tarar babana yana yi wa yayana, ni kuma na fi shi tsanantawa, don ina son a ce ina da kunya. An kuwa faɗa. Har misali ake yi da ni a majalisa.

A Abare aka haife ta, lokacin da zinari ya juya mana kai. Na bar sakandare ban gama ba na shiga rami. Mukan kwaso dutse a buhu mu kawo har cikin gida, mata su farfasa shi a turmin da suke daka gero, mu niƙa, mu wanke a tsakar gida. Ita kuma tana rarrafe a cikin garin dutsen, tana ɗiba tana kaiwa baki. Aka riƙa cewa yarinyar nan za ta yi arziki, tunda ta fara cin zinari tun ba ta da haƙori. Ni na ƙirƙiro wannan barkwancin. Na faɗe shi ina kallon wani wuri, aka yi dariya, na ji daɗi.

Da yara suka fara suma suna mutuwa, likitoci suka zo suka ce gubar dalma ce a cikin dutsen. Aka kankare ƙasar gidanmu aka zuba sabuwa. Uwarta ta kwashe makonni da ita a Anka ana ba ta magani. Ta rayu, amma ba yadda aka haife ta ba. Ta yi jinkirin tafiya, magana kuwa ba ta wuce kalma biyu ko uku a jere, kuma lokaci lokaci takan faɗi tana jijjiga. Na bar rami, na tattara iyalina muka koma Gummi wajen dangin Inna, mahaifiyata, na kama noman shinkafa a fadama. Yarinyar ta koma ɗakin Inna, kamar yadda ake yi da 'yar fari, ni kuma na samu ƙarin dalilin kauda kai.

Mun sa ta makaranta. Bayan shekara biyu malamin ya same ni a ƙofar gida, ya yi ta kwana-kwana, daga ƙarshe ya ce a daina wahalar da ita, kanta ba ya riƙe komai. Abin da ta fito da shi daga makarantar harafi ɗaya ne, na farkon sunanta. Ban yi masa musu ba. Na yarda da shi tun kafin ya rufe baki, kuma wannan yardar tana cikin abubuwan da suke cina har yau.

Gem ɗin, wato na'urar wasa ta hannu, ya shigo gidanmu ta hannun wani Bakatsine da muka yi haƙa tare a da. Ya biyo ta Gummi zai wuce Bukkuyum, ya tsaya mu gaisa. Ya gan ta zaune a zaure tana tsinke zaren tabarma, ya tambaye ni ko ita ce ta Abare. Na ɗaga kai. Sai ya buɗe jakarsa ya ciro wani ɗan abu baƙi, bai fi tafin hannu biyu ba, da gilashi a tsakiya da maɓallai a gefe, ya kunna ya ɗora mata a cinya. Ya ce wasan noma ne a ciki, ba faɗa, ba harbi.

Daga ranar ba ta sake tsinke tabarma ba. Tana karyawa da safe za ta zauna gindin durumin gidanmu ta duƙufa a kansa har cajin ya ƙare, in ya ƙare kuma gida ya ɗauki kuka. Don haka kai shi caji ya zama aikina. In zan tafi fadama in ajiye shi wajen mai cajin waya a bakin tasha, in zan dawo in karɓo. Shekara huɗu yana kwana a gidana yana yawo a aljihuna, ban taɓa danna shi na ga abin da ke ciki ba. Ina ɗaukarsa kamar yadda ake ɗaukar maganin kuka.

Sau ɗaya ta nemi in duba. Bayan la'asar ne, muna zaune a dakalin ƙofar gida da maƙwabta, sai ga ta ta fito tana jan ƙafarta ta hagu, ta riƙe gem ɗin da hannu biyu. Ta ratsa mutane ta tsaya a gabana ta miƙo.

"Baba, duba."

Kowa ya zuba ido yana jiran ya ga yadda mai kunya zai yi. Na juya fuskata wajen zaure na ɗaga murya na ce a zo a ɗauke yarinyar nan. Wani dattijo ya yi dariya ya ce kai dai ba ka sakewa. Ta daɗe a tsaye hannunta a miƙe kafin uwarta ta aiko a janye ta. Ba ta yi kuka ba, kuma ba ta sake kawo mini ba.

Ta rasu lokacin yankan shinkafa, tana da shekara goma sha uku. Jijjigar ta kama ta da hantsi, ba ta sake ta ba. Ina fadama aka je aka kira ni, kafin in iso an rufe mata fuska. Na karɓi gaisuwa idona a bushe, mutane suna cewa ga mai tawakkali.

Bayan sadakar bakwai aka tattara kayanta za a bayar, don ladan ya same ta. Atamfofi uku ne da takalmi da ɗan kwanon da take cin abinci. Gem ɗin kuwa yana aljihuna tun ranar da ta rasu, don a ranar na karɓo shi daga caji. Inna ta ce a kai wa ɗiyar ƙanwata a Bukkuyum. Na ce to. Da gida ya yi shiru bayan azahar na shiga zaure na kunna shi, don kawai in ga ko yana aiki.

Abin da ya fara fitowa ɗan akwati ne mai suna a kai, harafin nan nata guda ɗaya an jera shi sau uku. Na danna. Sai ga gona.

Ni manomi ne, na san gonar da aka yi da ka da wadda aka yi da garaje. Wannan da ka aka yi ta. Kunya-kunya a miƙe, kowane iri da ɓangarensa, masu son ruwa an kai su bakin rafi, itatuwa an jera su a iyaka don kada su yi wa shuka inuwa. Ga garken shanu da shinge, ga akurkin kaji, ga rumbuna an ware abin da ke cikinsu launi launi, tunda ba ta iya karanta sunayen ba. Kalandar wasan, wadda ta fi tamu sauri, ta nuna shekara ta tara. A gefen gonar akwai bakin wani rami da ake shiga haƙar ma'adini, na gane shi da ganin diga a jikin allo. Ta kewaye shi da shinge ta ko'ina, ba ƙofa. Ban san abin da ta sani ba. Ƙila don kada kaji su faɗa ne.

A tsakiyar duk wannan ga wata 'yar mitsitsiyar yarinya a tsaye da butar ban ruwa a hannu. Na taɓa maɓalli, ta taka. Tafiyarta lafiya lau, ba ta jan ƙafa. Na ajiye gem ɗin a kan tabarma na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza.

Wannan ce yarinyar da aka ce kanta ba ya riƙe komai, ni ma na sa hannu. Na ƙudura a raina zan kai wa malamin ya gani da idonsa, in nuna wa dattijon nan mai dariya, in nuna wa uwarta. Amma kullum sai in ce gobe, don ban san da bakin da zan fara ba. Ta yaya mutumin da ake misali da shi zai fito da abin wasan 'yar fari yana yawo da shi gida gida? Sai na riƙa shiga zaure bayan azahar ina kallo ni kaɗai. Ba na girbe komai, ba na sayar da komai, tsoro nake ji kada in ɓata. In zagaya da ita gonar sau ɗaya in kashe.

Gidan yawa ba ya ɓoye abu. Wata ta leƙo ta gani, magana ta zagaya. A rana ta goma sha wani abu Inna ta shigo zauren da sandarta, ta tsaya a kaina.

"Mi kaka yi da abin ga kullum? Mata na hwaɗin ɗiyag ga na yawo cikin gilashi tana ban ruwa. Wadda anka yi ma salla anka ruhe? Ka hidda ta ciki, ka bar ta ta kwanta, a ba da abin ga sadaka. Da ranta ba ka dube ta ba, yanzu kaka son zama abin magana?"

Ba da mugunta ta faɗa ba. Ita ta yi goyon yarinyar, ita ta sha wankin fitsarinta, kuma tun rasuwar ba ta cin abincin kirki. Tsoro take ji kada kukana ya hana jikarta hutawa. Da na miƙa mata gem ɗin na ce ta duba, ta kauda kai kamar yadda na taɓa kaudawa. Sai na ji kunya ta rufe ni, irin wadda na saba da ita, na ce to, Inna.

Ɗan Turancin da na tsira da shi daga makaranta ya ishe ni in nemo inda ake gogewa. Abin bai yarda nan take ba. Ya tambaye ni ko na tabbata, na danna. Ya sake tambaya, ya ce in an goge ba a dawo da shi. Wannan ƙaramin abu na roba ya fi ni sanin nauyin abin da zan yi, sau biyu yana ja mini hannu. Inna tana tsaye, na ji numfashinta. Na danna da babban yatsana. Ko ƙara bai yi ba. Akwatin ya koma fari, haruffan uku suka tafi. Inna ta ce Allah ya jiƙanta, ta juya ciki tana dogara sanda.

Washegari na kai shi caji don kada in kai wa mutane abu a mace. Mai cajin magidanci ne kamata, mun shekara huɗu muna gaisawa ba mu taɓa hira ba. Ya yi mini gaisuwar rashi, ya jona, ya kunna kamar wanda ya saba. Sai na ga hannunsa ya tsaya.

"Ina gonar?"

Na ce na goge. Ashe duk lokacin da na ajiye na wuce fadama, yakan buɗe ya ga inda ta kai. Ya ce ya san ranar da ta sayi saniyar farko, ya san shekarar da ta tumɓuke komai ta sake tsari. Ya ce shi ma ya sa irin wasan a wayarsa, bai taɓa kai ko rabin inda ta kai ba, har yakan nuna wa masu jiran caji ya ce ku ga aikin wata yarinya. Bai san ita ce ake cewa ba ta da kai ba. Ya zaci ma ni nake taya ta.

Na tambaye shi ko akwai dabara. Ya ciro ɗan katin da ke bayan gem ɗin ya sa a kwamfutarsa, ya yi ta dube-dube har aka kira azahar, ya girgiza kai.

"Da ka kawo man shi jiya, da na kwashe ma ita cikin wani kati, ka aje cikin akwati kamar takardag gona. Ko shayi ba a gama sha ba an ƙare. Sai a ba da abin hanko, ba komi ciki, kowa ya huta."

Ban san ana iya haka ba. Ban tambayi kowa ba, don tambayar tana bukatar in ce wa wani namiji ina son ajiye abin 'yata ta fari.

Ban tafi Bukkuyum a ranar ba. Na sauka fadama, inda aka gama yanka ba kowa sai kara, na zauna a kan kunya na kunna. Wasan ya soma daga farko. Ya nemi suna. Na daɗe ina kallon gurbin, sa'an nan na rubuta nata cikakke, harafi bayan harafi, leɓena yana motsi. Gilashin ya buɗe a kan fili cike da duwatsu da ciyawa da kututture, ba kunya ko ɗaya, ba saniya, ramin nan kuma bakinsa a buɗe. Da haka ta fara, ita kaɗai a gindin durumi, ba mai karanta mata komai.

'Yar yarinyar ta fito ta tsaya a tsakiyar duwatsun, da sunan 'yata a samanta, tana jira a nuna mata abin yi. Na danna wannan, na danna wancan. Shekara goma ina noma, amma na kasa gano maɓallin da ake ɗaga fartanya.