Takardar Kawu a Cikin Jar Fata

Har yau in na ratsa layin dukawa a kasuwar Tawa, warin jimammiyar fata ya bugi hancina, sai in ƙara sauri. Wasu na cewa ƙamshi ne. Su suka sani, ni dai kawuna yake tuna mini.

A hannun kakata na tashi, a wani ƙauye arewa da Takanamat. Ɗanta namiji ɗaya ne, wato Kawu, shi kuwa ya bar gida tun ba a haife ni ba. Makka ya nufa ta ƙasa, tafiya ta tsaya masa can gabas, a wani yanki da ƙasashe biyu ke jayayya a kansa. Da faɗa ya yi yawa aka kawo sojojin waje suka riƙe wurin. Nan ya yi aure, ya haifi ɗiya tsarata.

Ina da shekara tara ya zo ganin gida, farkon damina, da niyyar wata ɗaya. Akwai wata takarda da yake naɗewa cikin leda a aljihun ciki, kowane lokaci sai ka ga ya dafa ƙirji ya tabbatar tana nan. Sai da na girma na san ko mece ce. Ba fasfo ba ce, don babu ƙasar da ta yarda mutanen wurin nata ne balle ta ba su. Ofishin baƙin nan ke ba mazauna yankin, da hoto da lamba da hatimi, da ita ake fita, da ita ake komawa. Kawu bai yi wa kowa wannan bayani ba. Mutum ne mai zurfin ciki, kuma wa ke zama ya yi wa mata bayanin takarda a lokacin?

Ni ce mai dogon baki. Na leƙa na ga rubutun Arabiyya a jikinta, na ruga na gaya wa Kaka cewa Kawu na da laya amma tsirara take, ba a ɗinke ta ba. Ran nan ruwa ya dake shi a gona, takardar ta ɗan yi laima, washegari ya shanya ta a bakin gado ya ɗauki hauya ya fita. Kaka ta ce wannan ai sakaci ne irin na maza. Ta ɗauka ta kai wa baduku maƙwabcinmu, ta ce ya yi mata aiki na gani na faɗa.

Ya kuwa yi. Ya rage gefunan da suka yi yawa, ya ninke ta ƙanana, ya shafe da ƙaro don kada ruwa ya sake shiga, ya rufe da jar fata, ya bi da basilla. Da la'asar Kaka ta rataya wa Kawu a wuya tana murmushi. Ya dubi bakin gado, ya dubi abin da ke wuyansa, ya ce mata ya gode.

Bayan rumbu na same shi da reza, ya farke ɗinkin. Hoton ya manne da hatimin, da ya ɓamɓare sai rabin fuskarsa ta tafi. Basilla ta bi ta tsakiyar lambar. Ban taɓa ganin babba a irin wannan hali ba, tsoro ya kama ni.

"Ɗiyata," ya ce, "kada ki kuskura ki gaya mata."

Ya je Tawa, ya je Yamai. Ko'ina amsa ɗaya ce, a can kawai ake sabuntawa, kuma sai mutum ya je da kansa. Ya yi katin ɗan ƙasa, ya kama hanya sau biyu, sau biyun ana mayar da shi daga shingen ƙarshe, wai baƙo ba ya shiga. Da farko matarsa na kira ta wayar mai kantin ƙauyenmu. Daga baya danginta suka nemi saki, ya ba su ta waya. Bayan nan lambar ta daina shiga.

Kaka kuwa cewa ya yi mata hanya ce ta lalace. Ya mayar da takardar cikin fatar, ya ɗinke da kansa, ya ci gaba da ratayawa don kada ta tambaya. Shekara huɗu ta ƙara a duniya. Duk wanda ya zo gaishe ta sai ta gaya masa yadda ta roƙi Allah kada ɗanta ya sake nisa, kuma tun da aka ɗinke layar nan bai iya tafiya ba. Ina zaune ina ji, shi ma yana ji, ya ce haka ne, Inna.

Yanzu ina aiki a wani shagon buga takardu a Tawa. Mutane na kawo mini katunansu in rufe da roba, ni kuwa sai na tambaya sau uku ko an yarda a rufe, har wasu su ji haushina. Kawu na sayar da shayi kusa da tasha, ya yi furfura, jar fatar ta koma baƙa a wuyansa. Bai taɓa ɗora mini laifi ba, wallahi da ya zage ni da ya fi mini sauƙi. Ranar sunan ɗana na fari ya karɓi jaririn, ya daɗe yana kallona, sannan ya tambaye ni ko ina ganin ita ma ɗiyar tasa ta haihu yanzu.