Sunan Ɗan Fari

Na tsufa yanzu, har nakan ajiye carbi in manta inda na sa shi, amma akwai wata ranar kasuwa a Burumburum da ba za ta fita daga kaina ba har ranar da za a binne ni. A lokacin fura nake damawa a bakin kasuwa, kuma duk wanda ya san ni ya san bakina ba ya shiru. Maigidana, Allah ya ji ƙansa, yakan ce da surutu na ƙosarwa, da gidanmu bai taɓa ɗora tukunya ba.

Shekarar ta zo wa Fulaninmu da wuya. Wasu 'yan bindiga masu kiran kansu 'yan jihadi sun shigo daji, suna bin rugage suna kore shanu da sunan zakka, wanda ya yi gardama su harbe shi. Daga baya suka far wa jami'an tsaro a kan hanya, suka kashe wasu. Ana tsakar cin kasuwa sai ga motocin jami'an tsaro sun zagaye mu, aka shiga tsintar duk namijin da ya yi kama da Bafulatani ana zaunar da shi a rana. Mutanen da aka kwashe wa shanu jiya, su ne yau aka mayar masu laifi.

Cikin waɗanda aka kama har da ɗan wani dattijo da matarsa ke kawo mini nono. Dattijon Baffa muke ce masa, ɗan kuwa Dogo, magidanci ne da iyalinsa, kanwa ya zo saya wa 'yan shanun da suka rage musu. Shugaban jami'an ba mutumin yankinmu ba ne, Hausarsa ma ta koyo ce. Ya riga ya tambayi kowa sunansa a gefe, sannan ya ce duk wanda ɗan gari ne, wani nasa ya fito ya faɗi sunansa na yanka. In ya dace a sake shi, in bai dace ba sai mota. Mu kuwa mun san motar nan ba kowa take dawowa da shi ba.

Baffa ya fito yana dogara sanda. Jami'in ya nuna Dogo ya ce, "Ɗanka ne wannan?"

Baffa ya kawar da kai ya ce, "Yaron dai a gidanmu yake."

"To, yaya sunansa?"

Baffa ya yi shiru yana kallon ƙasa. Nan take na gane abin da ke faruwa. Dogo ɗan fari ne, kuma Bafulatani irin Baffa ba ya kama sunan ɗan farinsa, ba ya ma nunawa a gaban mutane cewa shi ya haife shi. Kunya ce da ya gada, amma jami'in ya ɗauka tsohon bai san mutumin ba ne.

"Kun gani, bai san shi ba. Ku sa shi a mota."

Na yar da ludayi na kutsa cikin bindigogin nan, ban ko tsaya neman takalmi ba. Na ce, "Yallaɓai, wallahi ɗansa ne! Dogo ne, a gabana ya girma!"

Ya ce, "Mama, ba Dogo ya ce mini sunansa ba. Koma wajen furarki."

Sai a lokacin na gane duk surutun nan nawa ban taɓa sanin sunan yaron na gaskiya ba. Na juya kan Baffa, mutumin da ko gaishe shi zan yi sai na rusuna. Na ce, "Baffa, kunyar nan ta isa haka! In motar nan ta tashi da shi, kunyar wa za ka riƙa ji?"

Baffa ya ɗaga kai ya dubi ɗansa ido da ido, ya kira sunan. Ba jami'in ya faɗa wa ba, ɗansa ya kira, da ƙarfi, har kasuwar ta yi tsit. Dogo, da ƙafarsa ɗaya ta riga ta hau mota, ya waiwayo ya ce, "Na'am, Baba," ya fashe da kuka, magidanci da gemunsa. Daga baya ya gaya mini tunda aka haife shi bai taɓa jin sunan a bakin ubansa ba.

Jami'in ya ce a sauko da shi. Motar ta tafi da sauran da ba su da kowa a kasuwa ranar. Wasu sun dawo, wasu har yau matansu na jira, kuma har yau in na tuna sai raina ya ɓaci. Baffa kuwa, har ya rasu, in ya hango ni sai ya sauya hanya, wai na ga ranar da ya yi rashin kunya.

Abin da ranar ta koya mini shi ne, shirun mutum ba shaida ba ce a kansa, sai ka san abin da ya ɗaure masa baki. Shi ya sa tun daga ranar, duk ɗan rugar da ya biyo ta gaban furata sai na tsare shi na tambayi sunansa na yanka, na riƙe a kaina, ko wata rana za a sake neman mai faɗa.