Lasisin Baba Zurfi

Shekara goma sha tara ke nan ina riƙe da rajistar masu haƙar rijiya a ofishin ruwa, kuma babu fayil mai tsabta a durowata kamar na Baba Zurfi. Rijiya ɗari biyu da goma sha ɗaya ya haƙa, uku kacal suka ƙafe, ɗaya ma mai gidan ne ya nace a haƙa ta inda ya yi mafarki. A wurin mahaifinsa ya gaji sana'ar. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, in ya ɗanɗana ƙasa da harshe sai ya gaya maka gaba nawa za a yi kafin ruwa. Matarsa takan ce ta fi sanin tsakar kansa fiye da fuskarsa, don kullum daga bakin rami take miƙa masa abinci.

Wata rana yana hutun azahar ya ji masana a rediyo suna cewa saman duniyar Mars ya bushe ƙarau, sanyi da hasken rana ba za su bar komai da rai ba, amma can ƙarƙashin ƙasa, inda wataƙila akwai damshi, mai yiwuwa ƙananan ƙwayoyin halitta suna rayuwa. Sau huɗu suka ce wataƙila. Baba Zurfi bai ji ko ɗaya ba. Abin da ya ji shi ne, masu kumbo da duk bokonsu sun dawo suna neman mai haƙa.

Ranar Litinin, ƙarfe tara da kwata, ya zo sabunta lasisi, ya zauna a bencin baranda yana ba jama'a labari. Kalmar halitta ta yi masa tsawo, sai ya yar da ita. Mars kuwa ya ɗauka kowa ya ji.

"Ƙwayoyi suna nan a ɓoye a ƙasa," in ji shi. "Ni da za a kai ni wurin, kwana uku na fito musu da su."

Maigadinmu, wanda ko akuya bai taɓa kamawa ba tun da aka ɗauke shi aiki, ya ga ranarsa ta zo, ya ruga ya kai rahoton an ɓoye ƙwaya. Kafin ƙarfe goma shugaban ofis ya ce in riƙe lasisin. Ba lasisi, ba haƙa. Ga shi Baba Zurfi ya bar rijiyar wata makaranta rabi, damina ta kusa, ruwan farko kuma zai rufta ta.

Ranar Alhamis kwamiti ya zauna: shugaba, jami'in tsaro, da ni mai rubutu.

"Baba, ina ƙwayoyin suke?" in ji shugaba.

"A ƙasa, yallaɓai."

"Ka gan su da idonka?"

"Ai ba a ganinsu da ido."

"Rubuta, Akawu." Na rubuta. "Wa ya ɓoye su?"

"Abin da ke sama ne ya fi ƙarfinsu, shi ya sa suka yi ƙasa."

Jami'in tsaro ya gyara zama. "Wato akwai hannun na sama?"

Shugaba, wanda ofishinsa ke hawa na biyu, ya ce kada in rubuta wannan. Na riga na rubuta.

"To a ina ne takamaimai?" shugaba ya tambaya yana share gumi.

"A Mars, yallaɓai."

"Ta bayan tasha?" in ji jami'in tsaro.

A nan na ajiye biro, na nemi izini, na yi bayani. Na ce Mars wata duniya ce a sararin sama, ƙwayoyin kuma ba na haɗiya ba ne, irin waɗanda ɗakin gwajinmu yake nema ne a cikin ruwa. 

"Na sani mana," in ji shugaba. "Gwada shi nake yi."

Sai dai an yi zaman awa biyu, an cika shafi huɗu, kuma a ofishinmu kwamiti ba ya tashi ba tare da ya hana wani abu ba. Saboda haka aka sabunta lasisin bisa sharaɗi ɗaya, wanda na buga da hannuna a sakin layi na uku: an haramta wa mai wannan lasisi yin haƙa a Mars sai da rubutaccen izinin ofis.

Baba Zurfi ya sa na karanta masa sau biyu.

"Malam Akawu, wato su ma sun yarda zan iya ke nan?"

Na ce haka takarda ta nuna. Ya dangwala yatsa, ya ninke lasisin ya cusa a hula, ya fita da sauri. Ranar Laraba ta gaba ya tarar da ruwa a rijiyar makarantar, a gaba na goma sha huɗu, kwana biyu kafin hadarin farko.