Digirin da Ya Raba Ni da Fartanya

Duk sanda mai gasa masara ta hura gawayinta a ƙofar makarantar da nake koyarwa a nan Kontagora, ƙanshin sai ya mayar da ni ƙauyenmu can bayan Dukku ta ƙasar Rijau, cikin daminar da aka karɓe mini fartanya. Labarin yana ba mutane dariya, mai karatu, kai ma kana iya darawa. Ni dai har yau ban iya ba.

Ina sakandare a lokacin, ina zaune gidan kawuna a gari. In faɗa maka gaskiya, boko bai taɓa shiga raina ba. Jira kawai nake a ba da hutu in koma gona, in ji danshin ƙasa a tsakanin yatsun ƙafata. Ƙanena ne mai son takarda. Shi ko guntuwar jarida aka ƙunso ƙosai a ciki sai ya karanta ta tas kafin ya yar. Yana ajin ƙarshe na firamare, an ce in ya gama zai biyo ni gari.

A wannan hutun malamin lissafi ya haɗo mu da aiki: jerin haruffa da lambobi, mu ware waɗanda ake kira folinomiyal, sannan mu nemo digirin kowanne. Abin ba wuya. In x ya faɗa ƙarƙashin layin rabawa, ko lambar da ke kansa ba cikakkiya ba ce, to ba shi ba ne, ka tsallake. In shi ne, sai ka duba 'yan lambobin da ke ɗare a kan x, wadda ta fi girma ita ce digirin. A 4x³ + x − 7, uku ne. Shi ke nan fa.

Ina zaune a inuwar rumbu ina yi, sai ga kakana, mahaifin babana, wanda maganarsa ce doka a gidan. Ya tambaye ni da Hausarsa mai gauraye da Dukanci, "Abokina, me kake tono a takarda haka?"

Na ce, "Digiri nake nema, Kaka."

Tirƙashi! Digiri ɗaya tsohon ya sani a duniya, wanda ɗan fastonmu ya samo a jami'a ya dawo da mota. Ranar Lahadi ya miƙe a coci ya gode wa Allah, wai jikansa ya fara neman digiri tun gemu bai tsiro ba. Mata suka rangaɗa guɗa.

Na yi bayani har bakina ya bushe. Na kai masa takardar, na ɗora yatsa, na ce, "Kaka, ba wancan ba ne. 'Yar lambar nan ce ta sama, wadda ta fi girma." Ya gyaɗa kai ya ce, "Yauwa, mafi girman za ka nemo mana." Babana ya gane, na gani a fuskarsa, amma wa zai ce wa tsoho ya yi kuskure bayan ya faɗa a gaban jama'a? Magana zarar bunu ce.

Aka share mini ɗakin da ake ajiye iri, aka aro tebur. Tagar ɗakin ba ta wuce faifai ba. Ta nan nake hango masara tana fitar da gemu, in ji kiɗan gayya daga gonar maƙwabta, sa'annina suna ihu suna tsere a kunya. Abinci ma kawo mini ake yi. Aikin kuwa na gama shi tun farkon hutu, sai na riƙa sake kwafe shi don kada a gan ni zaune hannu sake. Kaka yana bakin ƙofa yana tufka igiya, in yaro ya yi motsi ya daka masa tsawa, "Ku yi shiru, ana digiri!" Na tsani ɗakin nan, na tsani x, har kuka na yi na haushi.

Fartanyata kuwa ƙanena aka miƙa wa. Kaka ya ce gida ba ya ci da hannu biyu a takarda, in ɗaya ya riƙe biro dole ɗaya ya riƙe ƙota. Da hutu ya ƙare ni kaɗai na hau motar Kontagora. Ƙanen nawa ne ya ɗauko mini akwati har bakin hanya.

Na ci gaba da karatu don babu hanyar komawa. Kaka ya rasu da farin cikinsa, a ƙauye har yau Mai Digiri ake kirana. Yanzu yaran can da waya suke zuwa makaranta, ba wanda kalmar za ta ruɗa.

Bara ƙanena ya shigo gari sayen taki, ya biyo ta makaranta. Ya tsaya ta taga yana jirana, ni kuwa darasin nan nake koyarwa. Da yara suka fita sai ya shigo, ya tsaya gaban allo, hannuwansa duk kanta.

"Yaya, wanne ne digirin?"

Na nuna masa. Ya matsa kusa, ya daɗe yana kallo.

"Wannan 'yar mitsitsiyar?"

Na ce ita ce.

"Ni na ɗauka wani gagarumin abu ne," in ji shi. "Ai wannan da na iya."

Ya gyara hularsa, ya ce bari ya hanzarta kada motar Rijau ta cika.